Shafin Poetry Foundation, ga abin da na gani bayan na jima ina amfani da shi

Salam jama'a. Masu sha'awar rubutacciyar waƙa, musamman 'yan jami'a da ke fama da kwas ɗin adabin Amurka, in ba ku taɓa leƙa shafin Poetry Foundation ba don Allah ku leƙa. Kyauta ne, ko sisi ba a biya, data kawai zai ci maka. Gidauniyar a Chicago take, ita ke buga mujallar Poetry wadda Harriet Monroe ta kafa a 1912, kuma tsofaffin fitowar mujallar tun daga ta farko suna nan a ɗore, kana iya buɗewa ka ga shafin yadda aka buga shi a wancan zamani.

Ni abin da ya fi riƙe ni shi ne yadda mutum ke ganin kowane mawaƙi tare da garinsu. Ka buɗe waƙar Carl Sandburg a kan Chicago, wadda a wannan mujallar ta fito a 1914, mahauta ne da jiragen ƙasa da leburori, birnin kamar wani ƙato majiyin ƙarfi. Sai ka koma wajen Gwendolyn Brooks, birni ɗaya ne fa, amma ita unguwar baƙaƙen fata ta Bronzeville take nuna maka, ɗakunan haya masu ƙunci da samarin da suka bar makaranta, kuma ita ce baƙar fata ta farko da ta ci kyautar Pulitzer, babbar lambar yabon marubuta ta Amurka, a 1950. Wallahi kamar ba gari ɗaya suke magana a kai ba. Robert Frost kuwa da kowa ke kira mawaƙin New England, yankin arewa maso gabashin Amurka mai gonaki da katangar duwatsu da dusar ƙanƙara, a San Francisco aka haife shi a 1874, a tarihinsa da ke shafin na fara ganin haka, na daɗe ina juya abin a raina, ashe zama da sabo ma suna ba mutum gari.

Tarihin mawaƙan nan ba 'yan layuka biyu ba ne, na manyan cikinsu dogo ne, da abin da masu tarken adabi suka ce a kansu, masu yabo da masu suka. Nan na bi sawun mawaƙan kudancin ƙasar Amurka na jami'ar Vanderbilt a Nashville, su John Crowe Ransom da Allen Tate da Robert Penn Warren, masu mujallar The Fugitive daga 1922 zuwa 1925. Babu wanda ya kai su kishin yankinsu, amma daga hannunsu ne aka sami salon tarken nan da ke cewa ka dubi kalmomin waƙa kawai, ka ajiye batun marubuci da zamaninsa gefe, Ransom ma shi ya raɗa wa salon suna New Criticism da littafinsa na 1941. Gaskiya ni ban yarda da su duka ba. Bin waƙa baiti baiti yana da amfani sosai, na koyi natsuwa a nan, amma ta yaya za ka cire kudancin ƙasar Amurka da tarihin bauta daga waƙar Tate kan sojojin Kudu da suka mutu a yaƙin basasa? Mu ma nan wa zai karanta Sa'adu Zungur ya ce ba ruwansa da siyasar Arewa ta lokacin?

Turancin wasu sharhunan yana da nauyi, ka ajiye ƙamus kusa. Akwai kuma sauti, wasu waƙoƙin za ka ji ana karanta su, wani lokaci da muryar mai waƙar da karin harshen yankinsu, wannan ya fi cin data don haka ni da daddare nake saurare. Wanda zai fara, ina ganin ya fara da Brooks, waƙoƙinta da yawa gajeru ne, daga nan ya wuce Frost.