Solomon Kane: tuban mai takobi

Daren jiya na kalli Solomon Kane, kuma har yanzu wani wuri guda a fim ɗin ya ƙi barin raina. Fim ne na 2009 da Michael J. Bassett ya ba da umarni, an ɗauko gwarzon daga labaran Robert E. Howard da suka fara fitowa a mujallar Weird Tales a 1928.

Labarin ya buɗe a 1600 a Arewacin Afirka. Kane, wanda James Purefoy ya taka, makashi ne marar imani, sai manzon Shaiɗan ya tare shi ya ce ransa na wuta ne. Ya tsere Ingila, ya ajiye takobi, ya fake a gidan sufayen Kirista. Nadama ce ta sa shi tuba ko tsoron azaba? Fuskar Purefoy tana nuna duka biyun, kuma wannan ya burge ni ƙwarai.

Wurin da nake faɗa shi ne inda mutanen boka Malachi suka far wa iyalin Crowthorn, bayin Allah da suka ɗauki Kane a hanya suka ciyar da shi. An ɗora wa ƙaramin ɗansu Samuel wuƙa a wuya. Kane yana roƙo, yana riƙe da alƙawarin da ya yi wa Ubangiji, har aka yanka yaron a kan idonsa. Hawaye suka zubo mini. Riƙon alƙawarin ya jawo masa sabon alhaki, wanda ya fi masa na baya ciwo. Pete Postlethwaite, a matsayin uban yaron, ya sa na ji mutuwar kamar ta wani nawa.

Daga nan fim ɗin ya sauƙaƙa wa kansa. Uban, yana bakin mutuwa, ya ce ceto 'yarsa Meredith zai fanshi ran Kane, shi ke nan kisa ya halatta. Da yawa cikin waɗanda yake sarewa talakawa ne da sihiri ya juya wa hankali, amma ba a tsaya an yi juyayinsu ba. Wannan ya dame ni. Dodon wutar da aka haɗa da kwamfuta a ƙarshe kuwa bai kai nauyin abin da ya gabace shi ba.

Akwai jini sosai, har da inda aka gicciye Kane cikin ruwan sama, don haka kada a kunna shi yara na kusa.