Littafin Giliomee Ko Na Moodie: Wanne Za Ka Fara Saya Kan Turawan Afrikaner?

Duk mai son sanin yadda jikokin Turawan Holan da suka sauka a Cape, a Afirka ta Kudu, a 1652, waɗanda ake kira Afrikaner, suka kai ga kafa mulkin wariyar launin fata a 1948, littattafai huɗu ne za a yi ta ambata masa. Dukkansu akwai su da Turanci, kuma ba arha gare su ba, don haka gara ka san abin da kake nema kafin ka zaro kuɗi.

Wanda ya fi cika shi ne The Afrikaners: Biography of a People na Hermann Giliomee, da ya fito a 2003. Marubucin ɗan gida ne: an haife shi a 1938, ya koyar da tarihi a Jami'ar Stellenbosch, daga baya ya koma koyar da siyasa a Jami'ar Cape Town. Littafin jibgege ne, shafi wajen ɗari bakwai, ya taso tun daga zamanin bayi a Cape, ya bi ta yaƙin da suka yi da Ingila daga 1899 zuwa 1902, har zuwa miƙa mulki a 1994. Hujjarsa ita ce tsoron ɓacewar al'umma da harshe ne ya fi tura su, kuma tushen wariyar ya fi kusa da tsarin cocinsu na NG Kerk, mai raba masu ibada bisa launi, fiye da aƙidar Nazi. Nan ne masu suka ke cewa ya yi wa mutanensa sassauci. Akwai gaskiya a zargin, amma ba ya ɓoye ɓarnar, kuma babu wani littafin da ya tara wannan bayani wuri guda.

Idan addini ne ya ja ka, nemi The Rise of Afrikanerdom na T. Dunbar Moodie, 1975. Ya fi gajarta, ya kuma tsaya kan abu ɗaya: yadda aka mayar da tarihi ibada. Alkawarin da aka ce sun yi wa Allah kafin yaƙinsu da Zulu ranar 16 ga Disamba 1838, bikin cika shekara ɗari na babbar hijirarsu a 1938, da ƙungiyar asiri ta Broederbond, duk ya warware su dalla-dalla. Aibinsa kawai bai yi nisa da zamanin bayan 1948 ba.

Volkskapitalisme na Dan O'Meara, 1983, ya ce a bi sawun kuɗi: manoma, kamfanin inshora na Sanlam, da talakawan farar fata da aka tara a bayan jam'iyyarsu ta National Party. Harshensa na 'yan jami'a ne, mai nauyi. Ɗalibin siyasa zai more shi, sauran jama'a za su gaji.

Sai The Puritans in Africa na W. A. de Klerk, shi ma 1975. Kada ka ruɗe, ba tsohon shugaban ƙasa F. W. de Klerk ba ne. Yana da daɗin karatu, amma ra'ayinsa cewa aƙidar Calvin, wadda cocinsu ke bi, ce ta haifar da komai, masana irin su André du Toit sun girgiza shi tun 1983.

In kuɗin littafi ɗaya gare ka, ɗauki na Giliomee, bugun 2009 da aka faɗaɗa. In ya kai na biyu, ƙara da na Moodie. Tsofaffin ukun sun fi samuwa a gwanjo ta intanet, sai dai ka duba kuɗin aikowa tukuna, don wani lokaci ya fi kuɗin littafin.