Layar zana a Minecraft: wata uku da umarnin /effect

Tun hutun da ya wuce nake gina tsohon masallacin Juma'a na Zariya a cikin wasan Minecraft, a wayata. Ba wai ya fito sak ba. Wasan da komai nasa bulo ne mai kusurwa huɗu ba zai ba ka bakan gizo irin na Babban Gwani Muhammadu Durugu ba, wanda ya gina shi wajen shekarun 1830, zamanin Sarki Abdulkarimu. Amma tun da aka ƙaro laka a wasan a 2022, har kana cuɗa ta da alkama kafin ka yi tubali, na ga abin ya yi kama da yadda maginanmu ke cuɗa jar ƙasa da ciyawa. Daga nan sha'awar ta kama ni.

Ginin ya tafi lafiya har na rufe sama. Ina rufewa sai cikin ya yi duhu ƙirin, ban iya ganin inda nake ɗora bulo. Idan na jera tocila a bango sai wurin ya koma kamar kasuwar dare, ba abin da nake so ke nan ba. Akwai maganin gani cikin duhu a wasan, amma kafin ka haɗa shi sai ka shiga Nether, wato duniyar wuta ta wasan, ka samo tsiron nether wart, ka kashe dodon wuta blaze, ka nemo zinariya ka lulluɓe karas da ita, duk don kwalba mai minti 3, ko minti 8 idan ka ƙara jan garin nan redstone. Ga wuta da ake ɗaukewa, ga caji da ba ya jira. Wani abokina da ke karatu a harabar ABU ta Kongo a nan Zariya ya ga ina wannan wahala, ya karɓi wayar, ya ce, "Malam, kai har yanzu a ƙafa kake zuwa Kano?" Ya buɗe wurin hira ya rubuta layi ɗaya:

/effect @s night_vision 99999 0 true

Nan take masallacin ya washe kamar tsakar rana.

Ga abin da layin ke nufi, don ni ma sai da na zauna na warware shi. @s kai ne mai rubutawa. Idan ka sa @p ɗan wasa mafi kusa ne, @a duk 'yan wasan da ke ciki, @e kuwa duk wani abu mai motsi a duniyar, kuma zan dawo kan wannan @e ɗin don ya ja min asara. Bayan shi sai sunan abin da kake so ya same ka. Lambar farko sakan nawa zai daɗe. Idan ba ka sa ba, sakan 30 ne. Lamba ta biyu ƙarfinsa ce, kuma a nan mutane da yawa ke tuntuɓe, domin daga sifili ake farawa: 0 shi ne mataki na ɗaya, 1 mataki na biyu, har zuwa 255. Kalmar true ta ƙarshe tana ɓoye 'yan ƙurar nan masu launi da ke zagaye mutum, waɗanda a ƙaramar fuskar waya suke tsone ido. Wannan tsarin na Bedrock ne, wato na waya. Masu Java a kwamfuta sai sun ƙara give, su rubuta /effect give @s, kuma tun daga 1.19.4 suna iya rubuta infinite a maimakon lamba, abin ya zauna har abada. In kana so ka wanke komai, /effect @s clear a waya, ko kuma ka tatsi saniya ka sha madara, ita ma tana wankewa.

Kafin layin ya yi aiki sai an kunna Activate Cheats a saitin duniyar. Wasan ya fito da gargaɗi, na gan shi da idona, na danna na wuce don hankalina na kan masallaci. Abin da yake faɗa shi ne, a Bedrock, duniyar da aka kunna wa wannan makulli ta daina ba da lambobin yabo har abada, ko da ka kashe shi daga baya. Wata biyar ina tara su a wannan duniyar. Laifina ne, ba na kowa ba. Wanda zai gwada ya kwafi duniyarsa tukuna, ya yi wasansa a kan kwafin.

Sati na farko na zama kamar yaron da aka bar wa jakar boka. Gaskiya sunayen Turancin ba su zauna min a kai ba sai da na fassara su da abin da na taso ina ji a bakin kakata. invisibility layar zana ce, ba ƙari ba ragi, har da sharaɗinta: jikinka ya ɓace, amma sulken da ka sa da abin da ka riƙe a hannu suna nan ana gani, sai ka ga takobi na yawo shi kaɗai. resistance maganin tauri ne. Kowane mataki yana rage kashi 20 cikin ɗari na duka, saboda haka idan ka sa 4, wato mataki na biyar, kibiya da takobi da faɗuwa duk ba sa cin ka. 'Yan taurin da ke wasa da wuƙa ranar hawan sallah ba su fi ka ba. blindness baduhu ne, shi kuwa wa wani ake jefa shi. speed yana ƙara gudu kashi 20 a kowane mataki. Na taɓa sa masa 50 don ganin ƙwaƙwaf, na taɓa allon sau ɗaya na tsinci kaina cikin teku, wayar tana ta faman zana ƙasar da na wuce, ta yi zafi kamar dutsen guga. nausea ban sake kusantarsa ba, allon ke lanƙwasa yana juyawa, ni da ke zaune a kan tabarma sai da jiri ya ɗebe ni.

Wanda ya fi ba ni mamaki shi ne bambancin guba. poison ba ya kisa, zai ci ka har ya bar ka da rabin zuciya cikin zukata goman da ke nuna lafiyarka, sannan ya tsaya. wither kuwa yana kisa, kuma yana mai da zukatan baƙaƙe yadda ba za ka gane nawa suka rage ba. Haka kuma instant_health da ke warkar da kai, idan ka jefa wa dodannin wasan irin su zombie ko ƙwarangwal cutar da su yake yi. Irin waɗannan ƙananan dokoki ban taɓa lura da su ba a shekara biyu ina wasa, sai da umarnin ya ba ni damar gwada su ɗaya bayan ɗaya.

Wajen gini kuwa, ba ni da abin cewa sai yabo. haste yana sa diga ta ci dutse kamar ana yanka alkaki. slow_falling ya cece ni sau ba adadi ina aiki a saman tulluwa, sai ka sauko a hankali kamar gashin kaza. jump_boost, mai ƙara tsalle, ya sa na daina gina tsani ina rushewa. Abin da zai ɗauke ni sati na yi shi a yammaci biyu. Wahalarsa ɗaya ce a waya: rubutu. Alamar _ tana ɓoye a shafi na biyu na madannai, ga mai gyaran rubutu da ke mai da night_vision wata kalmar daban, kuskuren harafi ɗaya kuma jan rubutu zai fito maka. Dole na kashe gyaran rubutun. Daga baya na koyi sa umarnin a command block, wato bulon da ke ba da umarni, ya riƙa maimaita kansa, inda na ɓata rabin awa kafin na gane @s ba ya aiki a can, tunda bulo ne ke ba da umarnin, ba mutum ba. @p ake sawa.

Amma gani cikin duhu ya yaudare ni. Idona ne kawai ke gani, duhun yana nan daram, kuma dodanni a wurin da babu haske ko kaɗan suke fitowa. Ina tsakiyar masallaci ina duba ginshiƙai, ban sa fitila ko ɗaya ba, sai na ji tsss a bayana. Creeper, dodon nan mai fashewa. Ni ko ƙwarzane, don ina da tauri. Ginshiƙai biyu da bangon gabas kuwa suka zama rami. Maganin jikinka yake karewa, ba ya kare aikinka.

Sai maganar @e. Ƙanena ɗan aji biyu a ƙaramar sakandare yakan shigo duniyar tawa ta hotspot idan muna zaune a ƙofar gida a Samaru bayan la'asar. Ya dame ni da "Yaya, don Allah ni ma ka ba ni," har na mai da shi Operator, wato mai ikon rubuta umarni. Ya so ya tashi sama shi kaɗai, amma maimakon @s ya rubuta @e, ya sa levitation, mai ɗaga mutum sama, bai sa lokaci ba. Na ɗaga kai na ga shanuna, tumakina, kaji, mutanen ƙauyen da ke kusa, da mu kanmu, duk muna tafiya sama a hankali, shiru, kamar an kira mu. Sakan 30 ana hawa, kusan bulo 27. Mutum mai zukata goma faɗuwar bulo 23 ta ishe shi, saniya kuwa rabin ƙarfinsa gare ta. Lokacin na cika aka sake mu. Filin ya cika da nama da fata da ulu. Kajin ne kawai suka sauko suna fuka-fuki ba abin da ya same su, sai shanu uku da ke cikin rumfa, waɗanda rufi ya tare. Shi ma gwanin ya mutu, kayansa suka watse. Ni na dira lafiya saboda taurina, ina tsaye a tsakiyar ɓarna. Muka yi ta dariya har Umma ta leƙo ta ce ko lafiya, amma daren nan haushi ya hana ni taɓa wayar.

Abin da ban zata ba shi ne yadda abin ya kashe min daɗin wasan ba tare da na ankara ba. Da, idan rana ta fara faɗuwa ina nesa da gida, gabana faɗuwa yake yi, in kama gudu ina lissafin burodin da ya rage. Shiga kogo da tocila goma sha biyu abu ne da nake shiryawa. Da na saba da saturation mai hana yunwa da regeneration mai mayar da lafiya da tauri, sai na riƙa ratsa taron ƙwarangwal kamar mai ratsa kasuwar Sabon Gari, kibiyoyi na maƙale a jikina ina tafiyata. Lu'ulu'un da na samu a haka bai faranta min rai ba. Na fi sati biyu ban buɗe wasan ba, kuma ban san dalili ba sai da na buɗe sabuwar duniya babu makulli, zombie ɗaya tal ya kore ni cikin ramin da na haƙa da hannu, na kwana a ciki ina jin gurnaninsa a waje, ina murmushi ni kaɗai.

Yanzu duniya biyu gare ni. Ta masallaci makullinta a kunne, kuma a can ba zan koma haɗa kwalba ba ko an biya ni. Ga mai gini, ko mai shirya wa abokai gasar tsere da ɓuya, umarnin nan ya fi ƙarfin kuɗin data da za ka kashe wajen koyonsa. Ɗayar kuwa ko abokin nan nawa na Kongo ban bari ya riƙe wayar idan ita ce a buɗe. Bangon gabas na gyara shi, na binne fitilu a ƙarƙashin darduma yadda haske ke fitowa ba a ganin tushensa. Ƙanena na mayar da shi Member, ba ya iya rubuta komai sai gaisuwa. Shanun nan uku sun hayayyafa sun kai goma sha ɗaya, kuma jiya ma sai da ya sake tambayata ko zan ba shi Operator na minti biyar kacal, wai akwai abin da yake so ya gwada da kaji.