Zagayen tarihi a Berlin: wane ɗan jagora ya cancanci kuɗinka?

Kawuna ya zo Berlin wani taro daga Zariya, ya ce yini ɗaya rak yake da shi, kuma abu biyu yake son gani: inda Hitila ya mutu, da katangar nan da ya sha ji a rediyo tun yana saurayi. Na kai shi titin Gertrud-Kolmar. Ya duba gabas ya duba yamma. Motoci a fake, 'yan bishiyoyi, gidajen haya masu hawa-hawa, wata tsohuwa tana jan karenta. Ya ce, "Kai yaro, wasa kake yi da ni?" Na ce, "Wallahi Kawu nan ne, yana ƙarƙashin ƙafarku." Ramin da Hitila ya kashe kansa a ciki ranar 30 ga Afrilu 1945 wurin ajiye motoci ne yau. In ba don allo guda da aka kafa a 2006 ba, ko alama babu.

Haka yawancin Berlin take. Bama-baman yaƙi sun rushe, gwamnatin gurguzu ta Jamus ta Gabas ta share abin da ya saura, bayan haɗewar Jamus a 1990 'yan kasuwa suka yi gini a kai. Katangar da ta zagaye Berlin ta Yamma tsawon kilomita 155, daga 13 ga Agusta 1961 zuwa 9 ga Nuwamba 1989, a mafi yawan tsakiyar gari ba ta bar komai ba sai layi biyu na ƙananan duwatsu a jikin kwalta, waɗanda za ka taka ka wuce ba ka sani ba. Saboda haka in ka biya kuɗin zagaye a wannan gari, bakin mutum ka saya. In bakin ya iya, filin mota zai tsaya maka a rai. In bai iya ba, ka sha tafiyar awa uku a banza.

Wanda kowa ke fara cin karo da shi shi ne zagayen da ake kira na kyauta. Da hantsi za ka gan su a gaban Ƙofar Brandenburg riƙe da lema mai launi, suna tara jama'a. Hanyarsu kusan ɗaya ce: daga ƙofar zuwa filin tunawa da Yahudawan da 'yan Nazi suka hallaka, mai tubalan siminti 2,711, sai filin motar nan, sai katafaren ginin da Göring, na hannun daman Hitila, ya yi wa ma'aikatar jiragen yaƙi wanda yanzu ma'aikatar kuɗi ke ciki, sai guntun katanga a titin Niederkirchner inda hedikwatar Gestapo, 'yan sandan asirin Nazi, ta kasance, sai Checkpoint Charlie, tsohuwar mashigar iyaka tsakanin Gabas da Yamma, a ƙare a Bebelplatz inda ɗalibai suka ƙona littattafai kusan 20,000 ranar 10 ga Mayu 1933. Awa uku ko ƙasa da haka kaɗan. Ga wanda ya sauka jiya bai san gabas ba bai san yamma ba, hanya ce mai kyau.

Amma banza ba ta kai zomo kasuwa. A ƙarshe ɗan jagora zai tsaya, kowa ya miƙa abin da ya sawwaƙa, kuma a kamfanoni da yawa shi ne ke biyan kamfanin wani abu a kan kowane kai da ya bi shi. In ka sulale ba ka ba da komai ba, daga aljihunsa ka ci. Ka tanadi Yuro 10 zuwa 20 a hannu, tsaba. Wannan tsarin kuma shi ke sa wasunsu zama 'yan barkwanci, don wanda ya yi dariya ya fi sakin hannu. Na taɓa bin wani saurayi, mu fi talatin a bayansa, wanda ya nuna mana ɗan ɗakin sojan da ke tsakiyar titi a Checkpoint Charlie ya ce shi ne na asali. Ba shi ba ne, kwaikwayo ne. Na ainihin da aka ɗauke a 1990 yana gidan tarihin sojojin ƙawance a unguwar Dahlem. Ni da ke can baya ma rabin maganar iska ta tafi da ita.

Tunda na ambaci Checkpoint Charlie, bari in faɗi ra'ayina. Wuri ne mai tarihi, nan tankokin Amurka da na Tarayyar Sobiyet suka yi cirko-cirko a Oktoba 1961, kuma 'yan taku kaɗan daga nan, a titin Zimmer, aka harbi Peter Fechter ɗan shekara 18 a Agusta 1962, ya kwanta yana zubar da jini kusan awa guda mutane na kallo daga ɓangarorin biyu. Sai dai yau kasuwar tsaraba ce: hulunan soja, maganaɗisun firij, gutsattsarin siminti a leda wai na katanga. Minti goma ya ishe ka. Duk zagayen da ya sa hoton wurin a matsayin babban abin da zai nuna maka, ka yi masa kallon araha ba ta ado.

Na biyu shi ne zagayen da ake biya tun kafin a tashi, mutane ƙalilan, farashi a yanke. Nan ni na fi karkata. Ɗan jagora ya san abin da zai samu, ba ya buƙatar faranta maka, kuma kana iya tsayar da shi ka yi tambaya. Abin lura shi ne a nan ake raba darasi biyu: akwai na zamanin Nazi da yaƙi, daga 1933 zuwa 1945, akwai na Yaƙin Cacar Baka da katanga. Masu haɗa su biyun cikin awa uku gudu kawai suke yi, ka fito kana cakuɗa Gestapo da Stasi, 'yan sandan asirin Jamus ta Gabas. Kafin ka biya ka tambayi mutum nawa ke bin jagora ɗaya, da wane harshe zai yi magana, ko za a hau jirgin ƙasa a tsakiya. Sai babbar tambaya ga mai son katanga: za a je titin Bernauer?

In aka ce ba za a je ba, ka riƙe kuɗinka. A wannan titi gidajen suna Gabas, amma dakalin da ke ƙofarsu yana Yamma. Da aka rufe iyaka mutane suka riƙa dira ta taga, 'yan kwana-kwanan Yamma na tare su da shimfiɗa, 'yan sandan Gabas na toshe tagogin da bulo hawa bayan hawa. Ida Siekmann ta faɗo daga tagarta ranar 22 ga Agusta 1961, ita ce ta farko cikin aƙalla mutum 140 da katangar ta ci. A nan ne mai gadin iyakar Gabas Conrad Schumann ya tsallake waya mai ƙaya da bindigarsa kwana biyu da rufe iyakar. A ƙarƙashin nan aka haƙa ramin da mutum 57 suka bi suka tsere a Oktoba 1964. Wata majami'a da ta faɗa tsakanin shingayen biyu ta zauna ba mai shiga sama da shekara ashirin, a 1985 aka tarwatsa ta da nakiya. Kuma a nan ne za ka hau bene ka leƙa ka ga abin yadda yake: ba katanga ɗaya ba ce, biyu ce, tsakaninsu fili mai rairayi da ake sharewa don sawun mai gudu ya fito, ga fitilu, ga hasumiyar masu gadi. Kawu ya daɗe a jikin ƙarfen benen bai ce uffan ba. Da muka sauko ya tsaya gaban hotunan waɗanda suka mutu, yana karanta shekarunsu ɗaya bayan ɗaya, har da yara ƙanana.

Shiga wannan wurin tunawa da katanga na titin Bernauer kyauta ne, tsawonsa kilomita 1.4, da alluna da Jamusanci da Turanci. Mai haƙurin karatu zai iya zagaya shi ba jagora, ya haɗa da tashar Nordbahnhof da ke bakinsa, ɗaya daga tashoshin da jiragen Yamma ke ratsawa a hankali ba sa tsayawa, masu gadi na tsaye a duhu. Katangar East Side Gallery mai zane-zane, kilomita 1.3 a bakin kogin Spree, ta ɗaukar hoto ce. Ba sai ka biya kowa ya raka ka ba.

Na uku, ɗaukar jagora naka kai kaɗai. Da tsada, amma in ku biyar ne ko shida kuka raba, bambancin ba ya da yawa. Amfaninsa shi ne kai ke da lokacin: dattijo ya zauna ya huta, ku tsaya sallar Azahar, ku juya hanya. Kuma akwai juyin da nake ganin ya wajaba ga Bahaushe. Ramin Hitila yana ƙarƙashin lambun tsohuwar fadar shugaban gwamnati ne, a titin Wilhelm lamba 77 ta da. A cikin wannan fadar Bismarck, shugaban gwamnatin Jamus na lokacin, ya tara wakilan ƙasashe 14 daga Nuwamba 1884 zuwa Fabrairu 1885, ba ɗan Afirka ko ɗaya, suka tsara ƙa'idojin mamaye nahiyar da zirga-zirga a kogin Kwara da na Kwango. Layin da ya raba Katsina da Maraɗi ba a wannan tebur aka ja shi ba, Ingila da Faransa ne suka ja shi daga baya, amma a nan aka buɗe ƙofar. Akwai allon tunawa a bakin titin, tafiyar 'yan mintuna daga filin motar, kuma zagayen gama-gari sau da yawa wucewa yake yi ta gefensa. In wannan ne ya fi damunka, akwai zagaye na musamman a unguwar Afirka da ke Wedding, inda a 2022 aka cire sunan Nachtigal, jami'in mulkin mallakar Jamus, daga wani dandali aka sa na Manga Bell na Kamaru, wanda ya yi adawa da mulkin mallakar.

Zagayen keke yana cin ƙasa da yawa, yana kai ka har tsohon filin jirgin Tempelhof inda jirage suka riƙa sauke abinci da kwal lokacin da Sobiyet ta toshe hanyoyin Berlin ta Yamma daga Yuni 1948 zuwa Mayu 1949. Masallacin Şehitlik ma yana jikin filin. Amma bayani a kan keke gajere ne, kuma babbar riga ko abaya ba sa shiri da sarƙar keke. Manhajar waya mai magana a kunne ita ce mafi araha, sai dai ba ta amsa tambaya.

Akwai wurare biyu da ƙafarka kaɗai ba ta shigar da kai. Ƙungiyar Berliner Unterwelten tana sauka da mutane ramukan fakewa daga bam a Gesundbrunnen. Ba a ɗaukar hoto, ba a shiga da ƙananan yara, mai ciwon gwiwa ko tsoron ƙunci ya haƙura. Ɗayan shi ne kurkukun Stasi a Hohenschönhausen, inda ɗakunan tsare mutane sai da jagora ake shigarsu, kuma wasu daga cikin jagororin tsofaffin fursunonin gidan ne. Mutum ya buɗe maka ƙofar irin ɗakin da aka tsare shi, ya nuna maka yadda aka tilasta masa kwanciya rigingine hannuwa a kan bargo, fitila na kunnuwa dare duka. Suna tsufa, ba kullum ake dacewa da su ba, don haka ka tambaya tun wajen yanka tikiti. Sansanin Sachsenhausen kuwa, kilomita kusan 35 arewa da gari, inda 'yan Nazi suka tsare mutum fiye da 200,000, yini guda yake ci. Kada ka cusa shi cikin ranar da ka yi wani zagayen.

'Yan abubuwan da ke ɓata tafiya: a Disamba rana na faɗuwa kafin ƙarfe huɗu, sanyi kuma ta tafin ƙafa yake shiga mai tsayuwa, don haka ka ɗauki zagayen safe. Tikitin jirgi na takarda sai ka buga shi a ɗan injin da ke tasha kafin ka hau, in ba haka ba tarar Yuro 60 ce. Hawa ƙubbar majalisar Reichstag kyauta ne amma sai an yi rajista tun da wuri, a zo da fasfo. Gaisuwar 'yan Nazi, ko da wasa don hoto, laifi ne a dokar Jamus, an sha kama baƙi a kanta. Kuma ba a hawa tubalan filin tunawa da Yahudawa.

Mai yini ɗaya irin Kawu, ga abin da zan tsara masa yau: zagayen biya na mutane ƙalilan da safe a tsakiyar gari, a kan zamanin yaƙi kaɗai, ya roƙi jagora su tsaya a allon titin Wilhelm, bayan Azahar ya hau jirgi zuwa Nordbahnhof ya taka titin Bernauer da kansa. In an ƙara masa yini, Hohenschönhausen. Shi Kawu a ranar bai sayi gutsuren katanga ba. Allon taron 1884 ya sa na ɗauka masa hoto har sau uku, wai na farko rubutun bai fito ba, yana so ya tura wa 'yan'uwan mahaifiyarsa a Maraɗi.