Katin ɗaukar bidiyon wasa: na USB ko na cikin kwamfuta?

Assalamu alaikum, ɗan'uwa. Ka ce kana da PlayStation 5 da kwamfutar tafi-da-gidanka, kana kuma tunanin haɗa ta tebur nan gaba, kana son ka riƙa naɗar wasan ƙwallon da kake bugawa tare da watsa shi kai tsaye a YouTube. Sai ka tambaya wanne ya fi dacewa da kai tsakanin katin ɗaukar bidiyo na waje, wanda ake jonawa ta USB, da na ciki, wanda ake dasawa a babban allon cikin kwamfuta, wato motherboard. A ganina na wajen ne naka, amma da sharaɗin ya zama mai USB 3.0 kuma mai ramin HDMI biyu, na shiga da na fita, domin waɗannan abubuwa biyu sun fi sunan kamfani da duk abin da aka rubuta a jikin kwali muhimmanci.

Kafin ka fitar da kuɗi, yana da kyau ka san cewa PlayStation 5 da kanta tana iya naɗar wasa har na tsawon awa ɗaya, tana kuma watsawa kai tsaye zuwa YouTube da Twitch a girman hoto na 1080p, hotuna 60 a daƙiƙa guda, ba tare da wani kati ba. Idan burinka bai wuce mutane su ga wasan su ji muryarka ba, wannan ya wadatar. Buƙatar kati tana tasowa ne idan kana son ka tsara fuskar shirin yadda ka ga dama, ka sa tambarinka, ka daidaita ƙarar murya da ta wasa daban-daban, ka ajiye kwafi mai inganci a kwamfuta, ko ka watsa zuwa dandalin da na'urar ba ta da hanyarsa, kamar Facebook.

Aikin katunan biyu iri ɗaya ne. Hoto yana fitowa daga na'urar wasa ta wayar HDMI, ya shiga katin, katin ya raba shi gida biyu: ɗaya ya wuce zuwa talabijin ta ramin fita ba tare da an taɓa shi ba, ɗayan kuma ya nufi kwamfuta inda manhaja irin OBS Studio, wadda kyauta ce, za ta naɗe shi ko ta tura shi intanet. Bambancin yana hanyar da kashi na biyun yake bi. Hoton 1080p mai hotuna 60 a daƙiƙa, idan ba a matse shi ba, yana buƙatar kusan gigabit 2 a kowace daƙiƙa. USB 3.0 tana ɗaukar gigabit 5, saboda haka tana da sarari, USB 2.0 kuwa megabit 480 ne iyakarta, ba za ta iya ba sai an matse hoton sosai. Ramin PCIe na cikin kwamfuta, inda ake dasa katin ciki, ya fi duka biyun faɗi nesa ba kusa ba, shi ya sa katin ciki irin Elgato 4K60 Pro MK.2 ko AVerMedia Live Gamer 4K yake naɗar 4K, wato hoton da ya ninka 1080p sau huɗu, a hotuna 60 cikin sauƙi, alhali Elgato HD60 X, na waje da ya fito a 2022, yana tsayawa a hotuna 30 idan aka ce 4K, sai a 1440p ko 1080p yake bayar da 60.

Wannan fifiko na katin ciki gaskiya ne, sai dai ban ga yadda zai amfane ka a halin da kake ciki ba. Na farko, kwamfutar tafi-da-gidanka ba ta da ramin da za a dasa shi, don haka sai ka jira ta teburin, ka kuma tabbatar babban allonta yana da ramin PCIe mai layi huɗu da katin girafik bai toshe ba. Na biyu, wanda ya fi nauyi a wurina, shi ne abin da intanet ɗinka zai iya ɗauka. Watsa 1080p a hotuna 60 yana son kimanin kilobit 6,000 a daƙiƙa, kuma idan ka lissafa za ka ga hakan yana cin kusan gigabait 2.7 a awa ɗaya. Idan ka sauko zuwa 720p a kilobit 3,000, awar za ta ci gigabait 1.35. Watsa 4K yana ninka wannan sau da yawa. Ga wanda yake sayen data da kuɗinsa, kuma saurin turawarsa yake hawa da sauka da yamma lokacin da kowa ya hau layi, ƙarfin 4K na katin ciki zai zauna ne kawai ba a taɓa shi ba. Wanda zai ci moriyarsa shi ne mai naɗar bidiyo ya gyara shi a tsanake sannan ya ɗora, kuma yana da kwamfuta mai ƙarfi da wurin ajiya mai yawa.

Akwai kuma batun wuta. Kwamfutar tebur tana mutuwa nan take idan aka ɗauke wuta, sai in tana kan inbata ko UPS, yayin da ta tafi-da-gidanka take ci gaba da batirinta, katin USB kuma daga jikinta yake shan wuta. Na'urar wasan za ta mutu a kowane hali, amma aƙalla za ka samu damar rufe shirin da kyau ka sallami masu kallo. Katin waje kuma za ka iya saka shi a jaka ka tafi da shi gidan gem ko wurin gasa, kuma ranar da ka haɗa kwamfutar teburin zai yi aiki da ita ba tare da ka sake sayen komai ba. Inda na cikin ya fi shi a nan shi ne kwanciyar hankali: ba ya da wayar da za ta yi lakwai-lakwai, ba ya kuma rabon hanya da kyamara ko makirfo. Na waje yana son a jona shi kai tsaye a ramin USB 3.0 na kwamfutar, wanda galibi cikinsa shuɗi ne, da wayar da ta zo tare da shi. Idan aka bi da shi ta marabar USB mai araha, ko aka canza masa wayar caji, hoto yakan riƙa tsayawa ko ya ɓace gaba ɗaya.

Ramin fita shi ne abin da nake so ka fi dubawa, a na ciki ko na waje, domin shi yake yanke yadda kai da kanka za ka ga wasan. Hoton da yake bayyana a OBS yana zuwa da ɗan jinkiri, ko da katin mai tsada ne, kuma a wasan ƙwallo ko na harbi wannan ɗan jinkirin ya isa ya sa ka danna bayan lokaci ya wuce. Don haka a talabijin ake buga wasa, ta ramin fita, kwamfuta kuma a bar ta da aikin naɗi. Sai dai katin ne yake sanar da na'urar wasa iyakar abin da zai iya karɓa. Idan katin HDMI 2.0 ne, mai gigabit 18, PlayStation 5 ba za ta ba ka 4K a hotuna 120 ba ko da talabijin ɗinka tana iyawa. HD60 X yana wuce da 4K a 60, ko 1440p a 120, tare da VRR, wato tsarin da yake daidaita saurin talabijin da saurin hotunan wasan. Mai son 4K a 120 sai ya nemi kati mai HDMI 2.1, irin Elgato 4K X na waje ko 4K Pro na ciki, waɗanda suka fito a 2024. Idan talabijin ɗinka 60 ce iyakarta, kamar yadda yawancinsu suke, babu dalilin biyan wannan ƙarin kuɗin.

Dole in yi maganar ƙananan katunan nan marasa suna masu kama da filash, domin su za a fara miƙo maka a kasuwa, kuma kuɗinsu ba ya kai kashi ɗaya cikin goma na waɗanda na ambata. Da yawansu an rubuta musu 4K, amma abin da ake nufi shi ne suna karɓar hoton 4K, ba wai suna naɗar shi ba. Waɗanda aka gina kan guntun MS2109 na kamfanin MacroSilicon USB 2.0 ne a zahiri ko da bakinsu shuɗi ne, suna bayar da 1080p a hotuna 30 matsattse, kuma yawanci ba su da ramin fita, sai ka ƙara sayen marabar HDMI. Masu guntun MS2130 sun fi su, suna kaiwa hotuna 60 ta USB 3.0. Ban raina su ga mai koyo ba, amma a wasan ƙwallo, inda kyamara take ta kai da komo a kan koren fili, bambancin 30 da 60 yana fitowa ƙarara.

Wajen haɗawa, katunan biyu suna da tarko iri ɗaya. Kafin ka jona komai, shiga Settings a PlayStation 5, ka zaɓi System, sannan HDMI, ka kashe Enable HDCP. Wannan kariya ce ta hana kwafar fina-finai, kuma muddin tana kunne baƙin allo kawai katin zai gani. Idan ka kashe ta, manhajoji irin Netflix ba za su buɗe ba sai ka mayar da ita. Masu Xbox Series da Nintendo Switch ba su da wannan matsalar a cikin wasa, sai dai Switch dole ta zauna a mazauninta mai HDMI, Switch Lite kuwa ba ta fitar da hoto ko kaɗan. Bayan haka ka ja waya daga na'urar zuwa ramin shiga, wata daga ramin fita zuwa talabijin, ka buɗe OBS ka ƙara katin a matsayin Video Capture Device, ka saita girman hoto da adadin hotuna da hannunka maimakon ka bar wa manhajar ta zaɓa.

Sauti ne yake ba mutane wahala fiye da hoto. Ka bar tsarin sautin na'urar a Linear PCM mai lasifika biyu, domin yawancin katunan ba sa fassara Dolby ko DTS. Kuma idan ka soka abin sauraro a hannun wasan, PlayStation tana karkatar da sautin zuwa kunnenka ta daina tura shi ta HDMI, sai masu kallo su ga wasa shiru. Maganinsa ko dai ka saurari wasan ta talabijin, ko ka sayi waya mai raba sauti irin Chat Link, wadda take fitowa daga hannun wasan ta shiga ramin sauti na katin. A nan na waje yakan fi sauƙi, domin HD60 X yana da ramin milimita 3.5 a jikinsa, yayin da mai katin ciki yakan kai wayar zuwa ramin sautin kwamfuta ya daidaita lokacinsa da na hoto da kansa.

Abin da ba ka faɗa mana ba shi ne ƙarfin kwamfutar taka, kuma shi zai nuna ko shirin zai tafi lafiya, domin waɗannan katunan miƙa hoto kawai suke yi, matse shi aikin kwamfuta ne. Idan tana da katin girafik na Nvidia, zaɓi NVENC a matsayin hanyar matse hoto a cikin OBS. Idan Intel ce zalla, gwada Quick Sync. X264 kuwa, wata hanyar matsewa a OBS, yana ɗora nauyin duka a kan furosesa, kuma ƙaramar kwamfuta za ta yi zafi ta fara zubar da hotuna. Ka fara da 720p a hotuna 60, ka yi gwajin minti goma kana duban adadin hotunan da suka zube a ƙasan OBS, sannan ka hau idan ka ga sarari. Wajen naɗi kuma ka zaɓi nau'in fayil na MKV, domin idan kwamfutar ta mutu ana tsaka da aiki abin da aka riga aka naɗa yana nan, saɓanin MP4 na gargajiya da yakan lalace gaba ɗaya, kuma OBS tana da wurin mayar da MKV zuwa MP4 cikin daƙiƙoƙi idan ka zo gyara bidiyon.