Sharhi kan VisualEditor wajen gyaran muƙalun kimiyya da injiniyanci a Wikipedia

Duk wanda ya taɓa buɗe muƙalar kimiyya a Wikipedia ta maɓallin "gyara masomin", wanda ke buɗe ɗanyen rubutun shafin da alamomin tsarinsa, ya san abin da yake tararwa. Jimla guda a kan saurin haske takan nutse cikin layi huɗu ko biyar na alamomi da sunayen marubuta da na mujallu, har sai mutum ya bi da yatsa kafin ya gane inda maganar ta tsaya da inda madogararta ta soma. Domin sauƙaƙa wannan wahala ne Gidauniyar Wikimedia ta ƙera manhajar VisualEditor, wadda ke ba mai gyara damar yin rubutu a kan shafin kamar yadda mai karatu zai gan shi. Na daɗe ina amfani da ita a muƙalun kimiyyar lissafi, sinadarai da injiniyanci, kuma a wannan fage kaɗai zan auna ta, domin kayan aikin da suka wadatar da mai rubuta tarihin rayuwar wani ba lallai ne su wadatar da mai bayani kan wutar lantarki ba.

Manhajar ba ta samu kyakkyawar tarba a farko ba. An kunna ta ga masu gyara Wikipedia ta Turanci a watan Yulin 2013, ƙorafe-ƙorafe suka yi yawa, kuma a watan Satumban 2013 aka mayar da ita zaɓi ga mai so. Tushen matsalar shi ne aikin da ke gudana a ɓoye: wata manhaja mai suna Parsoid ce ke juya rubutun masomi zuwa shafin da ake gani, sannan ta sake mayar da shi idan an adana, kuma kuskure kaɗan a wannan juyi yana iya ɓata abin da mai gyara bai ma taɓa ba. An yi shekaru ana gyaran wannan, kuma wadda ake amfani da ita a yau ta fi ta wancan lokaci aminci nesa ba kusa ba. Kyauta ce, ba a sauke komai, tana buɗewa a cikin burauza.

Abin da ya fi daraja a cikinta, a ganina, shi ne sashen saka madogara. Kusan kowace takardar bincike ta zamani tana da lambar shaida da ake kira DOI, wadda ke farawa da 10, takardun likitanci da na halittu suna da lambar PMID, littattafai kuma suna da ISBN. Idan aka liƙa ɗaya daga cikin waɗannan a akwatin madogara, hidimar da ake kira Citoid, wadda ke dogara da fasahar Zotero, manhajar tattara madogara, takan je ta ɗauko sunayen marubuta, taken takardar, sunan mujallar, juzu'i, shafuka da shekara, ta jera su yadda ya kamata cikin 'yan daƙiƙu. Wanda ya taɓa kwafe sunayen marubuta goma sha biyu da hannu, yana tsoron kada ya juya harafi a sunan wani, shi zai fi kowa sanin girman wannan sauƙi. Akwai kuma damar sake amfani da madogarar da ta riga ta shiga muƙalar, wanda ke hana a jera takarda ɗaya sau uku a ƙasan shafi da siga daban-daban. Muƙalar kimiyya tana rayuwa ne da madogararta, kuma na lura cewa tun da saka madogara ya daina zama aiki mai cin rai, na daina barin jimla ba tare da ita ba da niyyar zan dawo daga baya.

Sai dai a nan ne kuma ya kamata mai gyara ya fi yin taka-tsantsan, domin manhajar tana tsara madogara ne kawai, ba ta auna ingancinta. Takardar Andrew Wakefield ta 1998 a mujallar The Lancet, wadda ta danganta rigakafin ƙyanda da matsalar kwakwalwar yara, an janye ta a 2010, amma har yanzu tana da lambar DOI kamar kowace takarda, kuma za ta iya fitowa a ƙasan muƙala tsaf-tsaf cikin siga ɗaya da sahihin bincike. Haka nan mujallun da ke buga duk abin da aka biya su kuɗi a kai ba tare da bitar masana ba, su ma da yawansu suna da irin wannan lamba. Madogara mai kyan gani tana sa mai karatu ya saki jiki, don haka nauyin da ke kan mai gyara ya ƙaru maimakon ya ragu: sai ya buɗe takardar ya karanta, ya tabbatar ta faɗi abin da aka jingina mata, ya kuma fifita takardun bita da littattafan karatu a kan gwaji guda ɗaya da ba a maimaita ba. Ko ta fuskar tsari ma ana bukatar dubawa, domin idan adireshin shafin intanet aka liƙa maimakon DOI, wani lokaci sunan shafin kan shiga gurbin marubuci, ko a rasa kwanan wata, kuma fayil ɗin PDF sau da yawa ba ya ba da komai.

Wajen rubuta lissafi, manhajar ta yi rabin aikin ne, amma rabi mai amfani. Wikipedia tana rubuta ƙa'idojin lissafi da wani sashe na LaTeX, tsarin shirya rubutu ta hanyar umarni da Leslie Lamport ya gina a kan TeX na Donald Knuth, kuma VisualEditor ba ta kawar da wannan ba. Abin da ta yi shi ne ta samar da akwati mai jerin alamomi a rukuni-rukuni, haruffan Girka, alamomin jimla da tushe da kwatanci, ta kuma nuna sakamakon a sama yayin da ake rubutu. Wanda bai san yadda ake rubuta kaso ba zai danna hotonsa, ya ga umarnin ya bayyana, ya cike sama da ƙasa, kuma bayan 'yan makonni zai tarar ya haddace umarnin ba tare da ya zauna koyo ba. Wannan nunin nan take yana da muhimmanci ƙwarai, domin baka guda da aka manta rufewa ta isa ta mayar da ƙa'ida jan saƙon kuskure a gaban masu karatu. Amma idan aka zo ga dogon warwaren lissafi mai layi da yawa da ake son alamomin daidaito su jeru a tsaye, babu makawa sai an san LaTeX da kansa.

Akwatin sinadarai ya fi burge ni saboda sauƙinsa. Ana rubuta H2O ko H2SO4 kai tsaye, lambobin su sauka ƙasa da kansu, a rubuta gajeren layi da alamar "fi girma" (->) su zama kibiyar haɗuwar sinadarai.

Ƙananan abubuwa ma an yi musu tanadi, kuma a kimiyya ƙananan abubuwa ne ke raba daidai da kuskure. Maɓallin da ke ɗauke da alamar Ω yana buɗe jerin haruffa na musamman, inda ake samun alamar digiri, alamar ninkawa da alamar ɗebewa ta ainihi wadda ta bambanta da karan-ɗori. Misali ɗaya zai nuna amfaninsu. Tun ranar 20 ga Mayun 2019 ba a ƙara ayyana kilogiram da dunƙulen ƙarfen da ke ajiye a kusa da birnin Faris ba, ana ayyana shi ne da ƙayyadadden adadin Planck, wato 6.62607015 × 10⁻³⁴ a ma'aunin jul-daƙiƙa. Mai sabunta tsohuwar muƙala da wannan bayani yana bukatar alamar ninkawa, alamar ɗebewa da ɗaga lamba sama a cikin adadi guda, kuma idan 34 ɗin ta sauko ta zauna a layi, adadin ya zama shirme. Duk ukun suna kusa da hannu a sandar kayan aiki.

Jadawali kuwa nasara ce bayyananniya. Ƙara layi, share ginshiƙi ko haɗe gidaje biyu, waɗanda a rubutun masomi kan sa a bi kowane layi ɗaya bayan ɗaya, yanzu dannawa biyu ne, kuma ana iya jawo fayil ɗin CSV, wato fayil mai bayanai a jere da waƙafi tsakaninsu, a sake shi a shafin ya zama jadawali. Ga mai jera ƙarfin nau'o'in ƙarfe ko zafin narkewar sinadarai, wannan kaɗai ya isa dalilin amfani da manhajar. Launin gidaje da sauran ado ne har yanzu ke mayar da mutum ga masomi.

Inda ta fi rauni shi ne samfura, wato shiryayyun tsare-tsare da ake cike gurabunsu a saka a shafuka daban-daban, musamman manyan akwatunan bayani da ke gefen muƙalun sinadarai, waɗanda samfuri ne a cikin samfuri. Manhajar tana nuna gurabun samfuri da bayanin kowanne ne idan an rubuta masa bayanan da ake kira TemplateData, idan kuwa ba a rubuta ba, sai mai gyara ya ga sunayen gurabu tsurarsu ba tare da jagora ba. A akwatin sinadari, sau da yawa sashen ciki yakan bayyana a matsayin rubutun masomi a cikin ƙaramar taga, wanda ya fi wahalar karantawa a kan buɗe masomin gaba ɗaya. Wannan rauni ya fi tsanani a ƙananan Wikipedia na harsuna, inda samfurin juya ma'aunai ko na madogarar mujalla zai iya kasancewa ba a shigo da shi ba, ko an shigo da shi ba a kammala ba, kuma ingancin sashen madogara ya rataya ne a kan yadda masu kula da wannan Wikipedia suka daidaita shi.

A waya, sandar kayan aiki ta fi ta kwamfuta ƙaranci, kuma muƙala mai ɗaruruwan madogara da ƙa'idoji takan ɗauki lokaci kafin ta buɗe, don haka na fi son wayar ga gyaran jimla da saka madogara, in bar lissafi da jadawali sai na zauna gaban kwamfuta. Abin da ke rage zafin duk waɗannan shi ne ana iya sauyawa tsakanin VisualEditor da masomi a tsakiyar aiki ba tare da an rasa abin da aka rubuta ba. Ina ba malamin kimiyya, ɗalibi ko injiniyan da ke son ya fara gyara shawarar ya fara da ita ba tare da shakka ba, ya yi rubutu da madogara da jadawali a cikinta, ya koma masomi idan ya iso akwatin bayani, sannan kafin ya adana ya danna maɓallin duba canje-canje ya karanta kowane adadi da ma'auninsa sau ɗaya kuma.