Sharhi kan akwatin kallon hotuna masu zurfi da tsaron asusun waya

Watanni biyu ke nan da na sayi akwatin roban nan da ake sanya waya a ciki a ɗaura a fuska, a kasuwar waya ta Farm Centre da ke nan Kano. Babu batir a cikinsa. Gilasai biyu ne masu kumburi, da shamaki a tsakaninsu, sai maɗauri. Wayar ce ke raba fuskarta gida biyu ta nuna wa kowane ido hotonsa, hotunan kuma an ɗauke su ne daga wurare biyu masu tazarar kusan santimita 6 da rabi, wato tazarar idanun mutum, sai ƙwaƙwalwa ta haɗa su ta fitar da nisa da kusa. Dabarar tsohuwa ce, domin Charles Wheatstone ya bayyana ta a Ingila tun 1838, sannan Google ya farfaɗo da ita a 2014 da akwatinsa na kwali mai suna Cardboard.

Abin da ya fi burge ni shi ne hoton da na ɗauka da kaina a marinar Ƙofar Mata. Na ɗauki ɗaya, na gusar da wayar kaɗan zuwa dama na ɗauki na biyu, na jera su gefe da gefe. Da mahaifiyata ta leƙa, sai ta ja ƙafarta baya tana cewa, "Kai, ai ramin babar nan a gabana yake." Sai dai robar tana matse karan hanci, gumi yana dusashe gilasan a zafinmu na Kano, kuma ni kan fara jin jiri bayan kamar minti 15.

Matsalar da ta sa na rubuta wannan sharhi ta fito ne daga takardar da ke cikin kwalin. Akwai wata lamba da ake haskawa da kyamara, wadda ta kai ni shafin sauke manhajar kallo, ba ta Play Store ba. Da na girka ta, sai ta nemi izinin karanta saƙonnina, da ganin lambobin mutanena, da kuma izinin nan da aka tanada domin masu lalurar gani, wanda ke bai wa manhaja damar ganin abin da ke fuskar waya har ma ta danna maɓallai da kanta. Manhajar nuna hoto ba ta da wata buƙata da waɗannan. Tun ƙarancin takardun naira na farkon 2023 kusan duk cinikina ya koma tiransifa, kuma lambar tabbatarwa ta OTP ta saƙon tes take shigowa wannan wayar, saboda haka duk wanda ya iya karanta saƙonnina ya yi rabin hanyar shiga asusuna. Nan take na hana izinin, na goge manhajar, na canza lambar sirrina, na koma kallo ta manhajar da na sauke daga Play Store bayan na duba izinin da take nema.

Akwai kuma abin da ban lura da shi ba da farko: akwatin ba ya aiki sai wayar tana buɗe, ga shi kowa a gida da majalisa yana son leƙawa, wato wayar da kuɗina ke ciki tana yawo daga hannu zuwa hannu ba a kulle. Wannan ya sa na sanya wa layina lambar sirri, ta yadda ko an zare shi an sa a wata waya ba zai buɗe ba, na rage iyakar kuɗin da za a iya turawa a rana, na kuma ɓoye saƙonni daga fuskar waya idan tana kulle. Na kuma jaddada wa iyalina cewa kada su karanta wa kowa OTP ko lambobi 11 na BVN ta waya, ko da ya ce daga banki yake.

Akwatin kansa ya cancanci kuɗinsa, kuma zan sake sayen wani domin 'ya'yan ƙanwata. Yanzu dai tsohuwar wayata da babu layi ko manhajar kuɗi a cikinta na ware masa, ita nake miƙa wa duk mai son kallo.